Sawun Maciji a Tsakar Gidan Inna

Shekara goma sha ɗaya ke nan da muka kai Inna makwancinta a maƙabartar da ke yamma da Umbadda, unguwarmu a Omdurman. Ban taɓa rubuta komai a kanta ba, domin ni makaniki ne, hannuna ya fi sabawa da sifana a kan alƙalami. Abin da ya sa na zauna rubutu bana shi ne, watanni kaɗan da suka wuce na tsinci kaina tsugune a tsakar gidanta da sassafe, da gilashin karatu a hanci, ina lalube a ƙwaƙwalwata darasin da ta shekara da shekaru tana koya mini, ni kuwa ina ta kunnen uwar shegu. Da ta gan ni a wannan tsugunon, na san sai ta yi dariya har ta share hawaye da bakin mayafi.

Sunanta Kande, unguwa ta san ta da Hajja Kande. An haife ta a wani kambo a Jazira, irin 'yan ƙauyukan nan na ma'aikatan gona da ke rakuɓe a gefen magudanan ruwa. Kakanninta sun taso daga ƙasar Hausa a ƙafa da niyyar sauke farali, guzuri ya ƙare a hanya, suka tsaya cirar auduga wai na shekara ɗaya, shekarar da har yau ba ta ƙare ba. A can ta tashi, cikin bukka, a kan tabarma, tsakanin ruwa da ciyawa da ɓeraye, inda maciji ba baƙo ba ne. Matan kambon suna da wata al'ada: bayan la'asar kowace za ta share kewayen bukkarta, ta lailaye ƙasar da bayan tsintsiya har ta yi sumul, da safe kuma babu mai taka wurin sai uwar ɗaki ta zagaya ta duba abin da ya wuce. Wannan al'adar Inna ta ɗauro cikin kayanta lokacin da mahaifinmu ya samu aikin gadi a Omdurman ya dawo da mu Umbadda.

Maƙwabta sun yi ta surutu, wai sharar yamma tana kore arziki. Inna ta ce musu ita dai ba ta taɓa ganin arziki a cikin shara ba, amma ta ga maciji. Mu yara ne muka sha wahalar abin. Gari zai waye, fitsari ya matse ka, amma ba ka isa ka sauko daga gadon igiya ba sai ta gama zagayenta. Za ta saka takalmi, ta ɗauki doguwar gorarta, ta bi gindin katanga, ta leƙa ƙarƙashin randa, ta duba ƙofar madafi da ɗakin tattabaru. Sai ta ce, "Ku sauko," sannan rana ta fara a gidanmu. Wata ranar kuma ta kira ni, ni ne babba, ta nuna ƙasa da gora ta ce in faɗa mata wa ya zo.

Kasa, in ji ta, malalaciya ce mai nauyin jiki, ba ta cika lanƙwasa ba. Tafiyarta a miƙe take, sawunta faffaɗa kamar an ja ƙaramin buhu, da siririn layi a tsakiya inda wutsiya ta bi. Kumurci, wanda maƙwabtanmu Larabawa ke ce wa abu darag, sawunsa dogo ne mai manyan lanƙwasa. Idan ya fasa kai ka ja da baya ka kare fuskarka, domin yana tofi, in kuwa ya samu ido, ruwa za a yi ta kwarara wa idon, ba nono ba, ba wani haɗi ba. Wadda ta fi tsoro ita ce kububuwa. Gajeriya ce, da wuya ta wuce kamu ɗaya, jikinta da kaushi, kanta ya fi wuyanta faɗi, da wani farin tabo a kai mai kama da sawun tsuntsu. Idan ta fusata sai ta naɗe tana goga jikinta da jikinta, ka ji sauti kamar an yayyafa ruwa a kasko mai zafi na toya kisra, gurasar nan. A rairayi mai laushi takan jefa jikinta a karkace, saboda haka sawunta a yanke yake, 'yan gajerun layuka a jere, kowane a jirkice, babu wanda ya haɗe da ɗan'uwansa.

Abin da ya bambanta Inna da sauran mutane shi ne ta san waɗanda ba su da laifi. Akwai daffan, gajere mai kauri da dunƙulalliyar wutsiya, mai binne kansa a rairayi. Mutane sun ce kai biyu gare shi, suna ganinsa sai duka, alhali ba shi da dafi, ɓera yake nema. Akwai siririn nan mai zane a tsaye da ke wucewa a guje kafin ka ɗaga sanda. Akwai mai shan ƙwai, wanda ya iya kwaikwayon kububuwa har da sautinta, ga shi ko haƙorin kirki ba shi da shi. Shaidarsa ita ce ɓawon ƙwan da yake amayarwa a murƙushe a gindin ɗakin tattabaru. Akwai kuma wani dogo mai santsi, ruwan ƙasa, da ke zama a ramin ɓera a bayan madafinmu, Inna ta sa masa suna Mai Gadi, ta ce shi da mahaifinmu aikinsu ɗaya, sai dai shi ba ya gyangyaɗi. Mahaifinmu bai taɓa jin daɗin wannan zolayar ba.

Kada wani ya ɗauka Inna mai wasa da maciji ce. Ba ta taɓa kama shi da hannu ba, ko matacce. Takan ce akwai wani ɗan baƙi mai sheƙi da ke kama da biɗa marar cuta, wanda ko ta wuya ka riƙe shi sai ya soke ka ta gefen baki. Idan mai dafi ya shigo gida, ta sa a kashe shi ba tare da wani tausayi ba. Dokokinta uku ne, kuma ta maimaita su har sun gundure ni: idan ba ka tabbata ba, ka ɗauka mai dafi ne. Safiya ɗaya ba ta isa shaida ba, sai uku. Wanda kuma maciji ya sara, asibiti za a nufa da shi, ba a tsaga wurin, ba a ɗaure, ba a tsotsa. Wannan ta ƙarshen ta jawo mata baƙin jini wajen masu dutsen maciji da masu tofi, amma ta ce ta ga abin da tsaga ke yi wa wanda kububuwa ta sara, jinin ba ya tsayawa.

Yanzu sai in zo kan laifina. Na girma, na samu aiki a wani garejin manyan motoci a Bahri, na yi aure, muka zauna tare da ita a gidan bayan rasuwar mahaifinmu. A lokacin, duk ɗan da ya ɗan samu, abin da yake fara yi wa uwarsa shi ne ya zuba mata siminti a tsakar gida, a daina ganinta da tsintsiya da ƙura kamar 'yar kambo. Ni ma na so a ce ɗan Hajja Kande ya yi. Ta tafi Jazira ta'aziyyar wata ƙanwarta, ta yi kwana goma sha, ni kuwa na kira magina suka shafe gidan tun daga ƙofar waje har bayan madafi, ko tafin hannu na ƙasa ban bari ba. Ramin Mai Gadi ma aka toshe shi.

Ranar da ta dawo, matan unguwa suka biyo ta da guɗa. Ta tsaya a bakin ƙofa da ƙullin kayanta a ka, ta dubi simintin daga wannan kusurwa zuwa waccan. Ta saba kirana Bashmuhandis, wato babban injiniya, don tsokana, tunda ni ɗan fari ne ba ta faɗin sunana. Ta ce, "Bashmuhandis, Allah ya yi maka albarka, ya ba ka masu yi maka." Da matan suka watse, ta zauna a bakin gado ta ce a hankali, "Kai dai ka rufe mini ido." Na yi dariya, na ce, "Inna, nan birni ne, an wuce wannan zamanin." Ta ce, "To, ka sanar da macizan, don su ba su ji labari ba." Ba ta ƙara tayar da maganar ba. Ta koma yayyafa toka a bakin ƙofofi da yamma, iska ta kwashe kafin safiya, daga baya ta haƙura.

Damina biyu bayan haka, wata rana da hantsi, matata Zainabu ta zura hannu a buhun gawayi za ta hura wuta, kububuwa ta sare ta a yatsa. Ina Bahri aka kira ni. Kafin in iso, Inna ta riga ta kori wani maƙwabci da ya zo da reza, ta zare wa Zainabu zobe da awarwaro kafin hannun ya kumbura, ta sa ta a mota sai asibiti. Likitan ya tambayi irin macijin, Inna ta zayyana masa shi tun daga tabon kai har sautin, ya dube ta ya ce da duk masu kawo masa marasa lafiya haka suke, da aikinsa ya yi sauƙi. Aka yi wa Zainabu allurar maganin dafi. Ta kwana biyu dasashinta na zubar da jini, sannan Allah ya kawo sauƙi. Ta rayu, amma yatsan nan ya sandare, har yau ba ya lanƙwasuwa.

Ba zan iya rantsuwa cewa da rairayin yana nan da Inna ta ga sawun ba. Wataƙila a cikin buhun macijin ya zo tun daga kasuwa. Na sha faɗa wa kaina haka. Amma na san buhun ya kwana goma a gidan, na kuma san cewa tsawon shekarun da Inna take duba ƙasa, babu wanda maciji ya taɓa sara a gidanmu. Ita ba ta ce uffan ba, ko da kallo ba ta tuhume ni ba, kuma wannan shirun ya fi mini ciwo a kan faɗa. Na yi niyyar in fasa mata ko da gindin katanga ne, na yi ta cewa gobe, har ciwon ajali ya kwantar da ita. A kan simintin nan aka shimfiɗa tabarmin zaman makokinta.

Bayan wasu shekaru, sai ga yaƙi ya tashe mu. Muka kulle gida muka tafi Gadarif wajen dangin Zainabu, mu da 'yarmu Maryam, muka zauna a ɗakin aro. A can Maryam ta haifi 'ya mace, aka sa mata Kande. Da ƙura ta lafa, na dawo ni kaɗai in ga abin da ya saura, da sharaɗin sai na kira sannan su taho. Gidan yana nan tsaye, ƙofofi a ɓalle, bangon madafi ya zube, ciyawa ta fito ta tsagogin siminti, kashin ɓera ko'ina. A ƙarƙashin mazaunin randa na tarar da saɓar maciji, ta riga ta ruɓe ta kakkarye, ba a gane komai a jikinta. Na gaya wa Zainabu a waya. Ta ce, "Abu Maryam, yarinyar nan rarrafe take yi, komai ta gani sai ta kai hannu. Ni na ba da yatsa, ba zan ba da jika ba. Ka san wanda ke cikin gidan nan kafin ka ce mu zo."

Nakan yi tunanin abin da Inna za ta ce da ta ga Umbadda ta yau. Gidaje sun daɗe babu kowa, macizai sun gaji masu su. A rukunin unguwa na waya kullum sai an turo hoton wanda aka kashe, kuma rabinsu daffan ne da irin su Mai Gadi, bayin Allah da ke rage mana ɓeraye. Samarinmu kalma ɗaya suka sani, dabib, ita ce sunan kowane maciji da Larabcin nan, ba su san kasa ba balle kububuwa. Maƙwabcina Abakar, wanda ya riga ni dawowa, ya ba ni shawara da zuciya ɗaya. Ya ce, "Ya zol, mutumina, ka zuba gas a kowane rami, ka ƙona taya, halas, magana ta ƙare." Na ce masa hayaƙi zai tashi macijin daga wannan rami ya koma wancan, ni kuwa ban san ko waye ba, ban san inda ya koma ba. Na tsaya a tsakiyar simintina mai sumul, shekara da shekaru ina alfahari da shi, ba abin da ya iya faɗa mini.

Washegari na kira mai keken jaki ya kawo mini rairayi daga bakin ƙorama. Na aro rariya na tankaɗe shi, na baza a gindin katanga, da ƙofar kowane ɗaki, da kewayen tarin tubalin madafin da ya zube. Bayan la'asar na lailaye shi da bayan tsintsiya. Abakar ya leƙo ta katanga ya ce lallai gudun hijira ya taɓa ni. Na kwana a gidansa, da gari ya waye na saka takalmin aiki na ɗauki sanda na shiga.

Safiyar farko na ga sawun ɓeraye kamar an yi kasuwa, da na buzuzu, da na tsaka. A tsakaninsu ga wani dogon layi mai lanƙwasa, siriri, santsi, ya fito daga magudanar ruwa ya shige wani ramin ɓera. Bai kai faɗin na kumurci ba. Na tsuguna na daɗe a kansa, kafin hantsi ma na hango mai shi ya leƙo, dogo, ruwan ƙasa, kansa daidai da wuyansa. Jikan Mai Gadi ne ko ɗan'uwansa. Daɗi ya kama ni, na ciro waya har na nemo lambar Zainabu. Sai na ji muryar Inna sarai a kunnena tana cewa safiya ɗaya ba ta isa shaida ba. Na mayar da wayar aljihu ina jin haushinta, kamar yadda nake ji ina yaro a kan gadon igiya.

Safiya ta biyu babu sabon abu. Ta ukun ce na zagaya bayan tarin tubali, inda rairayin ya fi laushi, na gan su: 'yan gajerun layuka a jere, kowane a jirkice, babu wanda ya haɗe da ɗan'uwansa. Sun fito daga ƙarƙashin tubalin, sun bi ta daidai inda inuwar rumfa ke sauka da rana, wurin da duk uwa za ta shimfiɗa wa jaririya tabarma, sun koma. Na zauna a bakin ƙofa na yi kuka, ni da furfurata, ban san ko na tsoro ba ne ko na kewar Inna.

Na kira Abakar da wasu maza biyu. Da rana tsaka, da manjagara mai dogon ƙota, muka riƙa janye tubalin ɗaya bayan ɗaya, babu mai kai hannu. Can ƙasa muka ji sautin nan na ruwa a kasko. Ga ta a naɗe, da farin tabon a ka. Na duba da kyau ko mai shan ƙwai ne yake mana burga, amma faɗin kan ya isa shaida. Muka kashe ta, muka kwashe tubalin duka muka fitar waje, muka cire ciyawa, muka toshe tsagogi. Ɗaya daga cikin mazan ya nufi ramin ɓeran nan da sanda, na ce ya bar wannan, ma'aikaci ne. Na sake lailaye rairayi na ƙirga safiya uku daga farko. Da ta ukun ta zo babu komai sai ɓera da mai cin ɓera, na kira Gadarif na ce, "Ummu Maryam, ku taho."

Kafin su iso na ari diga da guduma na fasa simintin nan, kamu biyu daga gindin katanga, na zagaye gidan duka, na cike da rairayi. Aikin yini biyu ne kacal. Abin da na kasa yi mata ke nan tsawon shekarun da take raye, kuma wannan nadamar ba za ta bar ni ba, ban ma so ta bar ni.

Inna ba ta bar gona ba, ba ta bar zinariya ba, gorarta ma ta ɓace a yaƙin. Abin da ta bari shi ne wannan haƙurin na duba ƙasa kafin a taka, da sanin cewa ba duk mai jan ciki ne abokin gaba ba, ba kuma duk shiru ne lafiya ba. Maryam, wadda Larabci ya fi mata sauƙi a baki, yanzu ita ke riƙe tsintsiya bayan la'asar. Shekaranjiya ta kira ni ta nuna ƙasa ta ce, "Yaba, wannan kasa ce walla tiyo aka ja?" Wato, Baba, kasa ce ko tiyo. Tiyon ruwa ne, amma ta tambaya, kuma ta faɗi sunan da Hausa.

Yau da safe na yi zagayena kamar kullum, Zainabu na zaune a bakin gado riƙe da yarinyar tana ta zillo. Na bi katanga, na leƙa ƙarƙashin randa, na duba ƙofar madafi. Na juyo na ce, "Ku sauko." Zainabu ta sake ta, Kande ƙarama ta rarrafa kai tsaye zuwa rairayin, ta bar sawun gwiwa biyu da tafin hannu biyu, da yatsu goma cif, duk suna lanƙwasuwa. Allah ya jiƙan Inna, ya haskaka kabarinta, ya sa ta huta.